Tashar Union a Dubai: daga jirgin ƙarƙashin ƙasa zuwa bas ɗin Sharja, yaya ake yi?

Ɗan Ƙofar Ruwa ya rubuta:

Assalamu alaikum jama'ar wannan zaure. Shawara nake nema wajen waɗanda suka riga mu taka Dubai, a yi haƙuri da tsawon zancen.

A kasuwar Ƙofar Ruwa nake, shagon Baffana, muna sayar da kayan gyaran mota na Beljiyam: injin, giyabos, shokozoba, fitilu. Shekara da shekaru Baffa ne ke zuwa saro kaya da ƙafarsa. Da aka rufe wa 'yan Najeriya biza a 2022 sai muka koma aike, a turo hoto ta WhatsApp mu tura kuɗi, abin da kwantena ta kawo sai dai ka ce alhamdu lillahi ka haɗiye sauran maganar. An buɗe bizar a 2024, amma yanzu ciwon baya ya hana Baffa dogon zaman jirgi, shi ne ya ce bana ni zan je. Ni kuwa iyakata Legas da Kwatano.

Ƙarin nauyin shi ne Goggo, ƙanwar Baffa. Tana sayar da zinariya da leshi a cikin gida, da ta ji zan tafi sai ta ce ƙafata ƙafarta. Ta sauke farali, ta je Umara sau biyu, don haka jirgin sama ba baƙonta ba ne, amma gwiwoyinta sun fara gardama.

Masaukin da aka kama mana yana Deira, tsohon garin Dubai, wajen Baniyas, kayanmu kuma a Sharja, garin da ke maƙwabtaka da Dubai, ake samunsu. Baffa duk zuwansa tasi yake hawa. Da na yi masa zancen jirgin nan na ƙarƙashin ƙasa cewa ya yi shi rami ɗaya zai shiga a duniya, shi ma sai an ɗauke shi an kai shi. To amma lokacin da Baffa ke facaka da tasi naira da sauran mutuncinta. Na buga lissafi, in na bi hanyarsa ribar giyabos biyu ko uku a titi za ta ƙare.

Wani yaro a layinmu ya ce min akwai tasha mai suna Union, jirgi na sauke ka a ƙasa, ka hau sama ka tarar da tashar bas ɗin Sharja. Iyakar abin da ya sani ke nan. Yaya ake biyan kuɗi? Tikitin jirgin shi ne na bas ɗin? Bas ɗin sai ta cika take tashi? Ana shiga da kaya? Sannan tsohuwa mai ciwon gwiwa za ta iya saukar nan da hawan, ko in haƙura in sa ta a tasi?

Alhajin Kwari ya rubuta:

Wa alaikumus salam. Ɗana, ka gaida Baffanka, Allah ya ƙara sauƙi. Irinsa ne mu da can, sai da aljihu ya koya mana hankali. Ina zuwa garin nan tun babu jirgin, a gabanmu aka buɗe layin farko ranar 9 ga Satumba 2009, shi ne jan layi. Koren layi ya biyo baya a 2011, shi ma ranar 9 ga Satumba. Na fi shekara ina kallonsa daga nesa kafin in yarda in shiga, yanzu kuwa in ba da kaya nake ba, ba na waiwayar tasi.

Fara da kati, don shi ne komai. Sunansa Nol. Babu kwandasta, babu miƙa wa direba kuɗi, babu rigimar canji. Akwai jan tikiti na takarda, kada ka saye shi, na mai yawon buɗe ido ne da zai hau sau ɗaya ko biyu. Ka sayi kati mai ruwan azurfa, dirhami 25 ne, a ciki akwai 19 na hawa. Kowa da nasa, kai ɗaya Goggo ɗaya, ba a wucewa mutum biyu da kati guda. Wannan katin shi ne na jirgi, shi ne na bas ɗin cikin gari, shi ne na bas ɗin Sharja da ta Abu Dabi. Ka riƙa lura da abin da ya rage a ciki, domin in ya gaza dirhami 7.5 ƙofa ba za ta buɗe maka ba ko da tafiyar taka ta dirhami 3 ce. Akwai na'urar ƙara kuɗi a kowace tasha, akwai kuma taga mai mutum a ciki in na'urar ta rikita ka.

Sun raba garin shiyya-shiyya. Cikin shiyya ɗaya dirhami 3, in ka tsallaka ta biyu 5, in ka wuce haka 7.5. Za ka ɗora katin a kan na'ura lokacin shiga, ka sake ɗorawa lokacin fita. A jirgi ba ka mantawa, tunda ƙofar ba ta sakin ka sai ka ɗora. A bas ne mutanenmu ke asara: ƙofa na buɗewa mutum ya yi tsalle ya dira kamar daga adaidaita, bai ɗora katin fita ba, sai a cire masa kuɗin tafiya mafi tsawo. Na yi wannan ya fi sau uku kafin in gane inda kuɗina ke zurarewa.

Yanzu hanya. In jirginku ya sauka a Terminal 1 ko Terminal 3, jan layi na nan a jikin filin jirgin. Terminal 2 ce ba ta da shi. Ku hau mai nufar cikin gari, za ka ga ya fara a sama kan gada sannan ya nutse ƙasa, ya tsaya City Centre, ya tsaya Al Rigga, sai Union. A nan jan layi da kore suke haɗuwa. Ku sauya zuwa kore mai nufar Creek, tasha ɗaya tal kun isa Baniyas. Ta gaba da ita Gold Souq, wato kasuwar zinariya, wurin Goggo ke nan.

Abu biyu ke ɓatar da baƙo a Union. Na farko, ba a rubuta gabas ko yamma, sunan tashar ƙarshe ake rubutawa, shi ne alƙiblarka. A koren layi ko dai Creek ko e&, wadda a da ake ce wa Etisalat. In daga Baniyas za ka Union, ɓangaren e& za ka bi, in komawa masauki ne, Creek. Na biyu, allo zai ce Union, amma muryar da ke sanarwa da Larabci za ta ce Al-Ittihad. Wuri ɗaya ne. Akwai wani abokin tafiyata, almajiri ne sosai, kunnensa na kan Larabcin idonsa ba ya kan allo, yana jiran ya ji an ce Union har jirgi ya ratsa ƙarƙashin ruwa ya kai shi BurJuman. Kuma ka yi hattara da kwatancen tsofaffi irinmu, domin suna canza sunayen tashoshi. Wadda muka sani da Rashidiya yanzu Centrepoint ce, Gold Souq ɗin nan da Palm Deira ake ce mata, Al Fahidi ta koma Sharaf DG.

Tashar bas ɗin ba a ƙasa take ba, a fili take, daf da bakin tashar jirgin. Amma Union babba ce kuma ƙofofin fitarta sun fi ɗaya. Kafin ka taka matakala ka tsaya ka nemi allon da ke da hoton bas, ka bi shi. In ka fita ta ƙofar da ba ita ba za ka tsinci kanka a tsallaken titi, ga rana, ga shi ba a tsallaka titi a inda aka ga dama, tara ake ci. Lambar da kake nema E303, ita ke zuwa tashar Al Jubail a Sharja. Za ka ga layin mutane, ka bi baya, babu mai kiran lodi, babu mai fizgar jakarka. Ba ta jiran cika. Lokacinta na yi za ta tashi ko da mutum biyar ne a ciki, wata kuma na nan tafe. Kuɗinta daban ne da na jirgi, ya kuma fi shi, don haka ka loda katin da kyau tun a ƙasa.

Sharja ba ta da jirgin. Daga Al Jubail sai ka ɗauki tasin can zuwa unguwar masana'antu inda 'yan kayan mota suke, kuma a nan ne dabarar take. Tasi in ta tsallaka daga Dubai zuwa Sharja akwai ƙarin dirhami 20 a kan mita, ban da kuɗin ƙofofin titi da suke kira Salik, ban da abin da mita ke ci kuna tsaye a cunkoso. Bas ta tsallakar da kai iyakar, tasi ta ƙarasa da kai ɗan guntun da ya rage.

Sa'arka ɗaya, tafiyarka ta saɓa da ta jama'a. Dubban ma'aikata a Sharja suke kwana saboda sauƙin haya, su yi sammako zuwa Dubai, da yamma su koma. Kai kuwa da safe za ka Sharja, da yamma ka dawo. Za ka ga ɗaya hannun titin a cushe kamar Kwari ana jajiberin Sallah, naku hannun yana tafiya. Kada dai ka kuskura ka ce sai bayan la'asar za ka tafi Sharja.

Kaya kuwa, jaka biyu aka yarda a jirgi, babba ɗaya da ta hannu. Dila ko kwali ko ƙarfe, kada ma ka fara. Abin da ka saya a Sharja a can za ka bar shi hannun 'yan kago, kai ka dawo da rasit da jikinka.

Maman Khalifa ta rubuta:

Alhaji ya gama da hanya, ni bari in yi maganar Hajiya, don na ga maza ba ku cika tuna gwiwa ba sai taku ta fara.

Ƙanena, kwantar da hankalinka, kowace tasha tana da lif. Kada ka tilasta mata matakalar nan mai tafiya da kanta. Ba hawan ne matsala ba, taka ta farko da sauka ta ƙarshe ne, ga zani ga mayafi mai jan ƙasa. Na taɓa ganin bakin abayar wata baiwar Allah ya maƙale a haƙoran matakalar, Allah ya kiyaye aka tsayar da ita da wuri. Ka nemi alamar keken guragu, lif na wurin. Akwai kuma ƙofar kati mai faɗi a gefe, ta masu jaka da keken jarirai, ku bi ta nan, ba ta saurin rufewa a kan mutum.

Sannan akwai taragon mata da yara. Za ka ga alama mai ruwan hoda a ƙasa da jikin ƙofar gilashi. Hajiya ta shiga nan, ta fi samun wurin zama. Kai kuma ka tsaya a bayan layin da aka ja a cikin jirgin, kana hango ta tana hango ka, domin taragon a haɗe suke babu ƙofa a tsakani. Ƙafarka ta haura layin nan tarar dirhami 100 ce, kuma “ai gwaggota ce” ba ya fitar da mutum. Mace tana iya zama a ɓangaren kowa da kowa in ta so, namiji ne ba ya shiga nasu. Akwai wani taragon kuma mai kujerun fata a ƙarshen jirgin, na masu katin zinariya ne, kuɗinsa ninki biyu. Kada ku ga wuri fayau ku ce Allah ya kashe ya ba ku. A bas ma kujerun gaba na mata ne.

Ku shirya tun a masauki: ta riƙe sunan tashar da za ku sauka, kuma in cunkoso ya raba ku, wanda jirgi ya tafi da shi ya sauka a tasha ta gaba ya tsaya cak a inda ya sauka. Jirgin ba shi da direba, na'ura ke tuƙa shi, ƙofa in ta tashi rufewa ba ta san “dakata akwai tsohuwa” ba. Wani jirgin zai zo cikin 'yan mintoci, don haka babu abin gudu.

Abin da ya ci ni kuwa cingam ne. Ba a ci ba a sha a cikin jirgi, har cingam. Na taso daga kasuwa bakina na motsi ban ma san yana yi ba, ma'aikaciya ta zo cikin ladabi ta nemi katina, dirhami 100 suka tafi. Laifina ne, ga hoton nan manne a bango. Na faɗa ne saboda na san Hajiyoyinmu da goro a ƙullin mayafi. A bari sai an fito.

Shawarata ta gaskiya, kada ka ja ta Sharja. Me za ta yi a cikin baƙin mai da ƙarafa? Daga Baniyas zuwa Gold Souq tasha ɗaya ce, rana ɗaya za ka raka ta, washegari da kanta za ta je. Leshi da atamfa da turare kuma duk nan cikin Deira ne, Naif da Murshid Bazar, tafiyar ƙafa. In tana son shan iska ku hau kwalekwalen katako da suke kira abra ku tsallaka ruwan, yana da araha ƙwarai. Ka sa mata rigar sanyi a jaka, waje wuta cikin jirgi kamar firji, mura ba ta da wuya.

Ɗan Ƙofar Ruwa ya rubuta:

Alhaji, Hajiya, Allah ya saka da alheri, ya jiƙan mahaifa. Na kwafe duka a takarda. Goggo ta ji maganar goro ta ce to ashe garin babu daɗi.

Abu ɗaya ne har yanzu kaina bai ɗauka ba, motar haya ta tashi da mutum biyar. Wa zai biya man? Ni na taɓa shiga mota a wata tasha a nan Kano da hantsi, na tarar da mutum huɗu a zaune na ce to saura kaɗan. Ashe uku yaran tasha ne aka zaunar don a ja fasinja, ana samun mutum ɗaya sai ɗaya ya zame ya fita. Sai bayan azahar muka ɗaga.

Tsohon Direba ya rubuta:

Yaro, na ji ka taɓo mu, dole in tanka. Shekara 26 na yi ina jan mota tsakanin Kano da Kaduna kafin ido ya ce ya isa.

Abin da aka yi maka ana yi, ba zan rantse a kan ƙarya ba. Amma ka tambayi kanka me ya sa. Motar ba tawa ba ce, mai ita yana jiran balas da daddare ko na samu ko ban samu ba. Mai daga aljihuna, kuɗin tasha, kamasho, abin da ake miƙawa a hanya, taya, bakanike. In na tashi da kujera uku babu kowa, abincin gidana ne na bari a tasha. Wancan direban na Dubai albashi yake ɗauka, motar ta hukuma ce, ko ya kai mutum biyar ko hamsin wata na ƙarewa zai ga kuɗinsa. Ba wai ya fi mu tsoron Allah ba ne ko ya fi mu sanin darajar lokaci. Ka ba ni albashi da mai ka gani in ƙarfe bakwai za ta yi min a tasha.

Kuma haɗa jirgi da mota ba Dubai ta fara ba. Jirgin ƙasa ya iso Kano tun 1911. Iyayenmu sun ba mu labarin yadda manyan motoci ke kwaso gyaɗa daga ƙauyuka su sauke, a yi dala da buhuna, jirgi ya kwashe zuwa Ikko. Fasinja ya sauka a tashar jirgi, ga Fagge ga Kwari ga Sabon Gari duk a kusa, ya sami motar garinsu. Da jirgin ya yi sanyi ne tashoshin mota suka watse bakin gari, kowace ta kama hanyarta: Unguwa Uku da Na'ibawa ta kudu, Yankaba ta gabas, taku ta Ƙofar Ruwa ta hanyar Katsina. Yau wanda ya taho daga Haɗeja za shi Katsina sai ya keta gari kaf a adaidaita da kayansa a cinya. Tun da aka hana acaɓa ɗaukar fasinja a 2013, ɗan sahu ne ke riƙe da garin nan, ana zaginsa yana kai mutane.

Injiniya Ƙarami ya rubuta:

Baba Direba, ranka ya daɗe, ban da abin da zan ƙara a kan maganar balas, ka faɗi asalin ciwon. Gefen gini zan ɗan taɓa, tunda shi na karanta.

Jirgin Dubai da ake ce wa na ƙarƙashin ƙasa, yawancinsa a sama yake kan ginshiƙai. A tsohon gari ne, wato Deira da Bur Dubai, aka fi bi ta ƙasa, saboda gine-gine sun cushe ga kuma ruwan da ya raba su. Haƙa rami ya ninka gada tsada, ba a yin sa sai dole. Kuma rami ba a gama shi a huta: fanka na tura iska dare da rana, famfo na zuƙe ruwa, lif da fitilu da jirgin kansa duk wuta suke ci, ɗaukewar minti goma da mutane a ciki ba wasa ba ce. Duk wanda ya ga yadda gadojinmu na ƙasa ke tara ruwa in an yi mamakon Agusta ya san abin da nake nufi. Landan ta fara nata a 1863, Alƙahira ce ta fara a Afirka a 1987.

Mu nan gida, Legas ta buɗe shuɗin layinta ga fasinja a Satumban 2023, daga Marina zuwa Mile 2, kilomita 13, bayan an fi shekara goma ana aiki. Abin da suka yi daidai shi ne katin Cowry da ake hawa bas da shi, shi ne na jirgin. Na Abuja an ƙaddamar da shi a 2018, ya tsaya, aka sake tayar da shi a 2024, kuma kukan da aka fi yi da shi shi ne tashoshin sun yi nesa da inda mutane suke, ka sauka babu motar da za ta ƙarasa da kai. Kano ma an sa hannu a yarjejeniyar ƙaramin jirgin cikin gari da wani kamfanin Sin a 2016, ta kusan dala biliyan 1.85.

Ni da za a tambaye ni, kafin a kafa ginshiƙi ko ɗaya, a fara da manyan bas masu tashi kan lokaci da za su haɗa tashoshin nan huɗu da Baba ya lissafa da Bata, a ga ko za mu iya riƙe su shekara biyar.

Tsohon Direba ya rubuta:

Injiniya, in za a yi a tuna da 'yan kamasho da 'yan sahu, su ma iyali gare su. Kati ba ya cin tuwo.

Ɗan Ƙofar Ruwa ya rubuta:

Jama'a mun dawo lafiya shekaranjiya, na ce bai kamata in yi shiru ba.

Kwana tara muka yi, sau shida na je Sharja, duk ta Union. Ranar farko duk da gargaɗin Alhaji sai da na fita ta ƙofar da ba ita ba, domin na bi ayarin mutane na ɗauka kowa bas zai hau. Ina hango motocin a tsallake babu halin tsallakawa. Na koma ƙasa na sake lale, wani ɗan Pakistan mai shara ya nuna min allon, ashe yana saman kaina. Daga ranar ban sake ɓata ba. Daga ƙofar jirgi zuwa layin bas bai fi tafiyar daga shagonmu zuwa bakin titi ba.

Na ga abin da idona: ranar Asabar da sassafe mu tara ne a cikin bas mai hawa biyu, direba ya rufe ƙofa ya ja. Sai da na ji wani iri, kamar in ce masa malam dakata ko Allah zai kawo wasu. Na hau sama na zauna a kujerar gaba ina kallon ɗaya hannun. Baba Direba, na tuna da kai a wurin.

Abin da ba a faɗa min ba, ranar Lahadi jirgin ba ya fara aiki sai ƙarfe 8 na safe, sauran ranaku tun 5. Na yi sammako na tarar da ƙofa a rufe, sai na taka da ƙafa daga Baniyas zuwa tashar bas ɗin, ba nisa sosai tunda rana ba ta yi ba. Sannan masu kayan mota a Sharja da yawa suna rufewa da azahar sai wajen la'asar, Juma'a kuwa kada ma mutum ya wahalar da kansa. Kuma sau ɗaya na manta ban ɗora katin fita a bas ɗin cikin gari ba, Alhaji ka yafe ni, karatun bai zauna ba sai da aka cire.

Goggo kuwa ita ta ba ni kunya. Ranar farko ta riƙe hannuna a lif tana salati. Rana ta uku na dawo daga Sharja ban same ta a masauki ba, hankalina ya tashi, sai ga ta da leda biyu, wai ta je Gold Souq ta wuce Al Ras ta sayo turaren wuta da zabibi, har ta yi ƙawa da wata 'yar Sudan a taragon mata. Goron dai ta ba ni ajiya kullum sai mun fito. Yanzu tana gida tana ba Baffa labarin ramin, shi kuma yana cewa ai dama ita tun tana yarinya ba ta jin magana.

Katunan biyu suna wurina, nawa da saura dirhami 14, nata 22.

Maman Khalifa ta rubuta:

Barka da dawowa, a gaida Hajiya da gajiya. Kada ka yar da su, katin yana shekara biyar yana aiki, kuɗin ciki na nan. In ba za ta koma kwanan nan ba, ƙanwata za ta tafi bayan Sallah, zan turo yaro shagonku ya karɓi natan, in ba shi kuɗin 22 ɗin a canjin ranar.